Musayar waƙa: Galabru, ajidan da ƙaraminsa ya fi suna

Malam Mai Zaure

Salamu alaikum. Yau Faransa za mu, kan wani tsohon ɗan wasan kwaikwayo. Ƙwar biyu, amsa-amo "wa". Wanda ya karya ya sayi goro.

Na buɗe zaure da sunan Jalla,
Wanda ya ƙagi dare da wayewa.
Michel Galabru nake son zance,
Mai kaurin murya, gwanin burgewa.
A Safi ta Maroko ya zo duniya,
1922 ce shekarar haihuwa.
Babansa injiniya ne a garin,
Tashar jirgin ruwa yake ginawa.
Yaro ya so ya zamo ɗan ƙwallo,
Dandali ya kira shi, ya je amsawa.
Yaƙin duniya ya rutsa da saurayi,
Aikin dole ya sha gun Jamusawa.
Ya dawo ya shiga makarantar wasa,
Lambar farko ya ci wajen fitowa.
Gidan wasan ƙasa, Comédie-Française, ya ɗauke shi a 1950,
Shekara bakwai yana ta gogewa.

Ɗan Damagaram

Malam, a gafarce ni, yabon ya yi yawa. Mu a talabijin muka san shi tun muna yara.

Allah gafarta Malam, ka sa zuma,
Ka bar maɗacin can a ɓoyewa.
Mu jandarma muka sani na Saint-Tropez,
Ajidan Gerber mai yawan hurewa.
Shi ke da galan, shi ne babba a kaki,
Louis de Funès ke sara masa da rusunawa.
Amma in an tashi daga kallo,
Sunan de Funès ake ta kirawa.
Fim shida, daga 1964 har 1982,
Yana gefe, wani na haskawa.
Finafinai sun haura 250,
Rabinsu ƙaiƙayi, iska na kwashewa.
Shi da bakinsa ya yarda da haka,
Wasu don haraji ya yi, da cikin ciyarwa.

Hajiya Mai Alƙalami

Kai ƙanena, zo nan. Ka kalli shida, ka yanke wa mutum hukunci?

Ƙanena, ka taɓa jin makaɗi
Ya yi daɗi ba 'yan amshin karɓawa?
De Funès wuta ne, tsalle da zare ido,
Sai da bangon da zai je yana bugawa.
Galabru ya tsaya ƙyam, ciki a gaba,
Leɓe a zumɓure, gira na ɗagawa.
Ya bar shi ya gama haukansa tsaf,
Ya saki kalma guda, gida na fashewa.
Wannan jiran shi ne aikin,
Daƙiƙa ɗaya in ta kuɓuce, ba dariyar tashiwa.
Sannan ka nemi fim ɗin 1976,
Na Bertrand Tavernier, ka zauna dubawa.
Alƙali da mai kisan kai ne labarin,
Philippe Noiret ke shari'ar yankewa.
Galabru ya fito tsohon soja,
Mai yawon ƙauyuka, kai ya taɓu da juyewa.
Yana kashe yaran da ke kiwo a daji,
Yana kiran Allah, yana rerawa.
Ka ji tsoronsa, ka ji tausayinsa,
Ka rasa wanne za ka riƙe a zuciya tsayawa.
Kyautar fim ta César ta 1977 ta ba shi kambu,
Taurari Delon da Depardieu ya kayar a fafatawa.

(Baitin "tashiwa" ya ɗan yi ɗingishi, na sani. Ina tuƙa tuwo nake rubutawa.)

Ɗan Auta

Ni "wa" ta gagare ni, ga kuɗin goro. Na koma "shi".

Yaya Hajiya, kin gama da shi,
Saura kaɗan ni in ƙarasa shi.
A 2008 wani fim ya gayyace shi,
Minti kaɗan kacal aka ba shi.
Tsoho a duhu, kujera ta riƙe shi,
Wani za shi Arewa, ya zo tambayar shi.
Arewar Faransa fa, kar ku ɗauke shi
Kano ko Agadas ake nufi da shi.
Ya ce sanyin can sai ya kashe shi,
Ya ja muryar nan har ta razana shi.
Mutum miliyan 20 suka je kallon shi,
Guntun nan ne kowa ya haddace shi.
Shekarar dai kyautar dandali ta Molière ta karrama shi,
Yana da 85, dandali bai sake shi.

Malam Mai Zaure

Auta, goro biyu ne, don ka rufe kowane layi da kalma ɗaya.

Matarsa ta riga shi a 2015,
Watanni kaɗan ya yi bayan rabuwa.
4 ga Janairun 2016, a Paris,
Cikin barci ya tafi, ba farkawa.
Shekara 93 ya yi a duniya,
Gidan wasa a Montmartre na sunansa ɗaukewa.

Ɗan Damagaram

Yaya Hajiya, na sauke hula,
Rabi dai, sauran ina riƙewa.
Zan nemo fim ɗin alƙalin nan,
In kalla daren Juma'a bayan rufewa.
In ya ba ni tsoro kamar yadda kika ce,
Goron Auta ni ne mai biyawa.
In kuwa na hango Gerber cikin rigar,
Zan dawo zaure, ki shirya ramawa.