Musayar Waƙa: Wa Ya Ci Yaƙin Aljeriya?

Malam Mai-Tawada:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Wannan makon mu ɗauki yaƙin da ƙungiyar FLN, mai neman 'yancin Aljeriya, ta gwabza da Faransa daga 1954 zuwa 1962. Kowa ya zo da amsa-amonsa, amma da baiti za a amsa.

Da sunan Ta'ala nake buɗe fage,
Mu waiwayi yaƙin mazan Aljeriya.

Shekara 124 cur ana haƙuri,
Faransa na zaune tana kwasar dukiya.

Daren ɗaya ga Nuwamba wuta ta kama,
Duwatsun Auras suka ce ba ja da baya.

Bin Bula'id ke jan ragamar na dutse,
Da tsoffin bindigogi da ƙarfin zuciya.

Daga baya aka yanka ƙasa wilaya shida,
Kowacce da kanar, kowacce da runduna ɗaya.

To ku faɗa mini, ya ma'abota baiti,
Da wane makami tsako ya kori shirwa a duniya?

Tsohon Saje:
Allah ya gafarta Malam, ni sojan da ne, lissafin fage na iya. Ku duba abin da ya faru tsakanin 1957 da 1959.

Malam, in dai fagen daga ake nufi,
Wallahi nasara tana hannun Faransa.

Janar Massu ya shigo birnin Aljiyas,
Da sojan laima, ya tone unguwar Kasba har ƙasa.

Yajin aikin kwana takwas ya murƙushe,
Jagoran FLN Bin Mahidi ya shiga hannu, suka ɗauke ransa.

Suka ja shinge a iyakar Tunisiya,
Na wayar lantarki, nakiya a gindinsa.

Makami ya daina shigowa daga waje,
Mayaƙi a dutse yana ƙirga harsashinsa.

Sai Janar Shal da jirage masu saukar ungulu,
Ya faro daga yamma, gabas ya kai shararsa.

Kanar Amirush, zakin Kabiliya,
A watan Maris ya faɗi tare da mutanensa.

Gwaggon Yara:
Saje, sannu da lissafi. Ga nawa.

Ka ƙirga harsashi, ka ƙirga janar-janar,
Ka tsallake ƙauye, ka tsallake mata.

Wa ke gasa gurasa a tsakiyar dare,
Ta kai wa na dutse a ƙarƙashin mayafinta?

Massun da kake yabo, da me ya ci Kasba?
Da jona lantarki a jikin waɗanda ya azabta.

Duk ɗan da ya ɓace a bayan bariki,
Uwarsa ta ba FLN sauran 'ya'yanta.

Hasiba Bin Bu'ali, tana 'yar shekara 19,
Ta ƙi miƙa wuya, aka rusa gidan a kanta.

Mutum wajen miliyan 2 aka kwashe daga ƙauyuka,
Aka zuba a sansani, gona ba mai noma ta.

Duk da haka, Disamban 1960 suka cika titi,
Riƙe da tutar nan da aka haramta.

A nan shugaban Faransa De Gol ya gane abin da Massu bai gane ba:
An ci Kasba da bindiga, ba a ci zuciyarta.

Ɗan Damagaram:
Gwaggo ta faɗi gaskiya, Baba Saje a yi haƙuri da ni. Ni zaure zan leƙa, inda shugabannin FLN suka zauna a Agustan 1956.

A kwarin Sumam aka haɗu a ɓoye,
Abban Ramadan ya ja zaren shawara.

Ya ce ɗan siyasa ke gaba, kanar ya biyo,
Na cikin gida ke magana, na waje ya saurara.

Faransa ta tare jirgin su Bin Bella a sama,
Ta ɗaure biyar, ta ɗauka ta yi nasara.

Ashe yaƙi ya sauko dutse ya shiga zaure,
A Alƙahira gwamnatin FLN ta kafu, aiki ya fara.

Da Faransa ta yi ruwan bam a Sakiyat ta Tunisiya,
Ran kasuwa ne, duniya ta ji ta yi ƙara.

Har Najeriya ta sallami jakadan Faransa,
Kan gwajin nukiliya da take yi a Sahara.

De Gol ya duba baitulmali, ya duba duniya,
Ga soja sama da 400,000 amma al'amari ya ƙi gyara.

Tsohon Saje:
Yaron nan ya yi karatu. To bari in ba ka Afrilun 1961, wanda ya fi ci mini rai a duk labarin.

Yaro ka iya, to tsaya in cika maka,
Shal ɗin da na yaba, shi ya ɓata suna.

Su huɗu janar-janar suka yi wa De Gol bore,
Don sun ji zai zauna da FLN a yi magana.

De Gol ya shiga rediyo ya ce kar a bi su,
Ƙananan soja suka ji a bariki, kowa ya zauna.

Wannan na sani, janar ba ya harbi da kansa,
Boren bai wuce huɗu ba in ana ƙirga kwana.

Mai Tsage Gaskiya:
Yayyena, kun yi ta guɗa, ni zan ɓata biki. An kashe Abban a Disamban 1957, an kashe Karim a 1970, kuma ba wanda ya ambata.

Kun wanke shugabanni tas kamar ba laifi,
Ku tambayi FLN yadda suka yi da nasu.

Abban da ya ce siyasa ke gaban bindiga,
A Maroko 'yan'uwa suka shaƙe shi da hannunsu.

Jaridarsu ta ce ya faɗi a fagen fama,
Ƙarya suka shirga don su rufa asirinsu.

Karim Balƙasim, mai sa hannu a sulhun Ebiyan,
Makasansa a Jamus, ba wanda ya kama su.

Na dutse sun sha wuta har sun ƙaranta,
Na Kanar Bumadyan na bakin iyaka da sabbin makamansu.

Da 'yanci ya zo, su suka shigo birni,
Suka ɗora Bin Bella, shekara uku suka sauke abinsu.

Su kuma Harki da suka yi wa Faransa soja,
Ta kwance musu ɗamara, ta bar su ga maƙiyansu.

Gwaggon Yara:
Ƙanena, ban musa ba, duk an yi wannan,
Sai dai kar ya rufe Faransa da ta'asarta.

Oktoban 1961, 'yan sanda a birnin Paris,
Suka far wa zanga-zangar da hukuma ta haramta.

Kwana da kwanaki ana tsamo mutane,
Gawar 'yan Aljeriya a kogin Sen ake tsinta.

Ran biyar ga Yuli matan Kasba sun yi guɗa,
Ba don kanar ba, don ƙasa ta dawo wa mai ita.

Malam Mai-Tawada:
Madalla da kowa. Ɗan Damagaram, baitinka na soja 400,000 ya yi tsawo, na gwada rera shi numfashi ya ɗauke mini, a rage masa kaya. Gwaggo, "ba a ci zuciyarta" ya so wata "ba" a ƙarshe, amma mun yi miki lamuni saboda amsa-amo. Saje, kai ne sojan cikinmu kuma ba ka ce uffan kan Harki ba. Mutum ya ɗauki bindigar baƙo shekara da shekaru, baƙo ya hau jirgi ya bar shi a bakin teku, dubbai aka kashe bayan tsagaita wutar Maris 1962. Laifin wa ya fi nauyi? Da amsa-amon Mai Tsage Gaskiya nake son amsar.

Tsohon Saje:
Sai bayan la'asar, Malam. Wannan ba baitin da ake yi a tsaye ba ne.