Kundin Zamani: dokar hana gyara tarihi adalci ce ko wayon waɗanda suka ci yaƙi?

Sarkin Gardama: Jama'a ni fa Kundin Zamani ɗin nan da muka ƙirƙira a labarinmu har yau bai kwanta min ba. Mun ce kowa a duniyar yana girmama shi, sarki ma sai ya ɗora hannu a kai kafin a naɗa shi, kuma babbar dokarsa ita ce masu riƙon lokaci su koma baya su gani su rubuta amma kar su taɓa ko tsinke. To amma mu da kanmu muka rubuta cewa marubutan kundin sun taɓa komawa suka juya yaƙin da aka ci kakanninsu. Sun gyara nasu sannan suka ce daga yau an hana. Wannan ai kwaɗo suka sa wa ƙofa bayan sun shige, ba wata ɗa'a a ciki

Maman Hanif: Haba Yaya, don mai doka ya taɓa karya ta ai ba shi ke nuna dokar banza ce ba. Ɗauki annobar birnin gabas da muka sa a babi na huɗu. In ka koma ka hana ta, matan da mazansu suka mutu ba za su sake aure ba, waɗanda suka yi hijira ba za su haɗu da waɗanda suka aura a can ba, kenan duk yaran da aka haifa bayan annobar babu su, har da jarumar labarin. Wani masanin falsafa ɗan Ingila Derek Parfit ya yi dogon bayani kan irin wannan a 1984, cewa ka ɗan sauya lokacin da aka ɗau ciki kaɗai to wani mutum daban za a haifa. Ka ceci wasu ka shafe wasu, wa ya ba ka wannan ikon?

Auta: Anti amma wanda ba a haifa ba ai bai ji zafin komai ba, su kuwa na annobar sun sha wuya kafin su mutu. Ni wlh ba ɗaya ba ne

Maman Hanif: An riga an haife su fa Auta, suna raye suna da 'ya'ya ranar da za ka tafi. Je ka faɗa musu ba za su ji zafi ba ka ga ko za su bar ka ka fita ƙofar gari

Malam Mai Allo: Ku duba ƙissar Annabi Musa (AS) da Khidir a Suratul Kahfi. Khidir ya huda jirgi, ya kashe yaro saboda abin da zai faru gaba, amma da ya gama bayani sai ya ce ba da ra'ayin kansa ya yi ba, umarni ne. Masu riƙon lokacinku kuwa ba wahayi suke samu ba, hasashe ne irin na kowa, ba su san me gyaran zai haifar ba. Ni a nan na fi ganin hujjar kundin. Ga kuma hadisin Muslim da ya ce kalmar da na yi kaza tana buɗe wa Shaiɗan ƙofar aiki, balle a ba mutum na'urar da zai bi bayan da na sanin tasa.

Injiniya: Ni duk musun nan ina ganin kun tsallake tambayar farko, wane irin lokaci muke da shi a duniyar? In irin na Novikov ne, masanin Rasha da ya ce duk abin da ka yi a baya dama can yana cikin tarihin, to dokar ba ta da aiki don ba ka iya canza komai. In kuma irin na Everett ne, masanin Amurka, na 1957 da duniya ke rassa, ba wanda aka shafe, kai ne dai ka koma wani reshen ka bar mutanenka da annobarsu. Sai mun zaɓi ɗaya. (Masanin kimiyya Stephen Hawking ma ya shirya wa matafiya lokaci liyafa a 2009 ya aika gayyata bayan an tashi, ba wanda ya zo hhh)

Sarkin Gardama: Injiniya mun zaɓa tuni, layi ɗaya ne kuma yana goguwa, shi ya sa yaƙin ya juyu. Kuma nan ne matsalar da Malam bai taɓa ba. In tarihi na goguwa, kuma gida ɗaya ke riƙe da na'urar da kundin duka biyun, ta ina talaka zai san sau ɗaya suka koma? Ƙila sau goma ne, duk wanda zai yi shaida an share shi tun kafin a haife shi.

Maman Hanif: Mun rubuta ai, kundin yana ajiye a ɗakin da lokaci ba ya shiga, tawadarsa ba ta canzawa

Sarkin Gardama: Wa ya faɗa, ƙanwata? Kundin ne ya faɗa da bakinsa

Auta: To ni dai a babi na gaba zan sa jarumar ta tsinci shafi a ciki da rubutun hannunta, yana ba da labarin wani birni da ba wanda ya taɓa jin sunansa

Maman Hanif: Kar ka kuskura ka taɓa min jaruma sai an yi ƙuri'a. Injiniya kai kana wane ɓangare, daina laɓewa bayan Turawan nan naka