Yaya Janusz Kaminski ya yi hoton yaƙin nan ya fito haka?

Ɗan Koyo: Salamu alaikum manya. A farkon fim ɗin Saving Private Ryan, inda sojoji ke sauka bakin teku, yashi da ɗigon ruwa suna fitowa rarrabe, motsin kuma kamar yana tsalle. Da kwamfuta aka yi, ko a kyamara? Kuma ta ina mai ɗaukar hoton, Janusz Kaminski, ya biyo har ya kai ga Spielberg, wanda ya ba da umarnin fim ɗin?

Mai Kyamara: Wa alaikumus salam. A kyamara aka yi, ƙanena. Fim na tafiya da hoto 24 a daƙiƙa, shota kuma, faifan da ke juyawa yana buɗe wa haske hanya yana rufewa, buɗewarta bisa al'ada digiri 180 ce, wato kowane hoto na shan haske na 1/48 na daƙiƙa. Kaminski ya rage ta zuwa 90, a wurin fashewar bam har 45, wato 1/96 da 1/192. Hoton bai samu lokacin dishewa ba, shi ya sa kake ganin kowace ƙwayar yashi. Amma duk rabin da ka rage, rabin haskenka ya tafi. A 45 sai ka ninka haske sau huɗu, ko ka buɗe idon kyamara mataki biyu. Ka kula da fitilu ma, waɗanda ke bin bugun lantarki za su riƙa ƙyaftawa a hoton.

Mai Haɗa Kala: Malam, a ƙara da madubin kyamara. Kaminski ya sa an kankare shafen da ke hana haske watsuwa, sai sama ta yi fari fat, hoton ya yi laushi irin na shekarun 1940. A wajen wankin fim da sinadarai kuma an bar azurfar da aka saba cirewa a jikin fim ɗin, kala ta kwanta, baƙi ya yi nauyi. Wannan aiki yana cinye abin da ke cikin inuwa, dole ka ƙara wa fuska haske tun a wajen ɗauka.

Hajiya Edita: Batun tarihin Kaminski, an haife shi a Polan a 1959, ya koma Amurka a 1981. Ya yi karatu a kwalejin Columbia ta Shikago, sannan AFI, cibiyar koyar da fim ta Amurka, ya goge a finafinan furodusa Roger Corman masu ƙaramin jari. Spielberg ya ga aikinsa ne a Wildflower na 1991, fim ɗin talabijin da Diane Keaton ta ba da umarni, ya ba shi Schindler's List na 1993. Da shi ya ci Oscar ta farko, da Saving Private Ryan na 1998 ya ci ta biyu. A ganina na farkon ya fi cancantar nazari, domin a fari da baƙi aka ɗauke shi, inda haske kaɗai ke raba mutum da bango.