Kyautata zato a wajen Davidson: ladabi ne ko larura?

Ɗan Ringim: Assalamu alaikum, malamai. A maƙalar masanin falsafa Donald Davidson ta 1973, "Radical Interpretation", ya ce mai son fahimtar baƙon harshe sai ya ɗauka cewa yawancin abin da mai maganar ya gaskata daidai ne. Shin wannan ba kyautata zaton da ake mana wa'azi a kansa ba ne? Ina hujjarsa?

Malamin Gumel: Wa'alaikumus salam. Larura ce, ɗan'uwa. Mu je kasuwar Maigatari ranar Alhamis. Ba ka jin Fulatanci, babu tafinta, sai makiyayi ya nuna wata dabba ya ce "nagge". Abu biyu ne a lulluɓe: ma'anar kalmar, da abin da ke ransa. Ba ka samun ɗaya sai ta ɗayan. In ka yarda zai yiwu saniya yake kallo amma raƙumi ya ɗauke ta, to "nagge" na iya zama komai, aikin ya tsaya ke nan. Don haka sai ka kafe ɗaya: ka ce idonsa na ganin abin da naka ke gani. Daga nan ka riƙa lura da lokacin da yake furta kalmar da gaske, da abin da ke gabanku a lokacin. Ka yi hasashe cewa saniya yake nufi, sannan ka gwada a kan bijimi, da maraƙi, da tunkiya. Inda hasashen ya karye, ka gyara.

Malama daga Kazaure: Ƙari kaɗan, Malam. Masanin falsafa Neil Wilson ne ya raɗa wa wannan ƙa'ida ta kyautata zato suna "principle of charity" a 1959, masanin falsafa Quine kuma ya yi aiki da ita a littafinsa na 1960. Davidson faɗaɗa ta ya yi. Maƙalar tana cikin tarin rubutunsa na 1984.

Ɗan Ringim: Allah ya saka. To in makiyayin ya yi kuskure fa?

Malamin Gumel: Nan ne masu karatu ke zamewa. "Yawanci" aka ce, ba "duka" ba. Da magariba, ga ƙurar hunturu, ya hango jaki daga nesa ya ce "nagge". Kada ka yi saurin cusa jaki cikin ma'anar kalmar. Duhu da nisa sun isa bayani. Amma lura, ba ka iya kiran wannan kuskure ba sai don sauran lokutan da ya faɗa daidai da rana tsaka. Wani masanin falsafa, Richard Grandy, ya kawo gyara a 1973: a jingina wa mutum abin da kai ma za ka gaskata da kana tsaye inda yake. A ganina wannan ya fi dacewa da misalin jakin.