Jirgin yaƙi mai nutso: garkuwa ne ko ramin zuba kuɗi?

Injiniya: Salamu alaikum 'yan uwa. Ina nan kan bakana: ƙasar da ke da gaɓar teku amma ba ta da jirgin yaƙi mai nutso, rundunar ruwanta ba ta cika ba. Ku tuna yaƙin tsibiran Falklands. Ranar 2 ga Mayun 1982 jirgin Birtaniya mai nutso mai suna Conqueror ya harbi babban jirgin yaƙin Ajantina mai suna General Belgrano, ya nutse, mutum 323 suka mutu. Daga ranar manyan jiragen Ajantina suka koma bakin gaɓa, ba su sake yunƙurin fitowa ba har yaƙin ya ƙare. Jirgi ɗaya tak ya zaunar da runduna guda.

Malamar Tarihi: Wa alaikumus salam, Injiniya. Labarin haka yake, amma sau nawa aka yi irinsa? Tun bayan yaƙin duniya na biyu, in ka cire Belgrano da Khukri na Indiya da jirgin Pakistan mai nutso mai suna Hangor ya nutsar a Disambar 1971, kaɗan ne suka rage. Ga kuma jirage masu nutso da suka halaka da mutanensu ba tare da ana yaƙi ba: Kursk na Rasha a 2000 da mutum 118, San Juan na Ajantina a 2017 da mutum 44, Nanggala na Indonesiya a 2021 da mutum 53. Wallahi duk lokacin da na tuna iyalan nan da suka yi kwanaki suna jiran labari, sai jikina ya yi sanyi.

Injiniya: Malama, ai amfaninsa ba a yawan harbi yake ba. Abokin gaba bai san inda yake ba, dole ya yi ta zargin ko'ina. Tsoron nan shi ne aikin.

Tsohon Sojan Ruwa: Ku biyun kowa ya riƙe wani gefe, amma ku bar ni in faɗi abin da na sani. Jirgi mai amfani da dizal, da batir yake tafiya a ƙasan ruwa. In batir ya yi sanyi dole ya taso kusa da sama, ya ɗaga bututun shaƙar iska, ya tada inji. A wannan lokacin ake iya jin ƙararsa, kuma a nan haɗari ke shigowa. San Juan, saƙon da ya aiko shi ne ruwa ya shiga ta hanyar iskar nan ya taɓa batura, wuta ta tashi. Sai bayan shekara guda aka gano shi a zurfin kusan mita 900. Nanggala kuwa ya kai shekara 40 yana aiki. Saye ba shi ne wahala ba, ɗana. Gyara, da tashar gyaran, da horar da matuƙa na shekaru, nan kuɗin ke tafiya, kuma ƙaramin sakaci a can ƙasa ba ya da gyara.

Ɗalibi: Baba, to ke nan sai mai tafiya da makamashin nukiliya ne ke da amfani?

Injiniya: A'a ƙanena. Gotland na Suwidin ba na nukiliya ba ne, amma a atisayen da ya yi da sojan ruwan Amurka daga 2005 ya ratsa masu gadi ya kai ga babban jirginsu mai ɗaukar jiragen sama, Ronald Reagan, ba su ji shi ba.

Tsohon Sojan Ruwa: Gaskiya ne. Amma ka duba Birtaniya: tun 1969 kullum akwai jirginta ɗauke da makaman nukiliya a cikin teku, kuma guda 4 take riƙe da su domin ɗaya ya kasance a bakin aiki. Ɗaya na gyara, wani na atisaye, wani na shiri. Ƙasar da ta sayi ɗaya ko biyu, watanni za su wuce ba ta da ko ɗaya a ruwa.

Malamar Tarihi: Madalla, Baba. Kuma a fara tambayar wace barazana ce ke gaban ƙasa. In 'yan fashin teku ne da masu satar kifi da masu fasa-ƙwauri, jirgi mai nutso ba ya tsayar da kwalekwale ya bincike shi. Jiragen sintiri ake buƙata, masu yawa, waɗanda ake gani.

Injiniya: Na karɓi wannan, Malama, ga ƙasar da matsalarta ke nan. Amma wadda babbar runduna ke yi wa barazana a ruwanta, ku nuna mini abin da zai hana a kusance ta kamar wannan jirgi. Ina sauraro.