Infoma ne ke bin autanmu, ko ciwo ne?

Yaya Babba: Salamu alaikum. Maganar auta ce. Wata huɗu ke nan da ya baro Sabon Birni ya dawo Mabera a nan Sakkwato, bai yi barcin kirki ba. Ya toshe tagar ɗakinsa da kwali, ya zare layin wayarsa ya ƙulle a leda. Ya ce mai shayin bakin layi infoma ne, yana kai wa 'yan bindiga labarinsa. Ni na ce ciwo ne, mu kai shi asibitin ƙwaƙwalwa na Kware.

Kawu: Wa alaikumus salam. Ɗana, kada ka mai da wanga yaro mahaukaci. Infoma ƙarya ne? Don me aka katse layin waya a ƙananan hukumomi 14 na jihar nan a 2021? A can, ka sai da sa a kasuwa da rana, da dare an zo maka, kuma sun san nawa ka karɓa. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu.

Goggo: Ni dai na ce a kira malam ya yi masa ruƙiyya. Kware ɗin nan, in aka ji, wa zai ba shi mata?

Anti: Kawu, Allah ya ƙara girma, ba wanda ya musa akwai infoma. Tsoronsa yana da tushe. Amma shekaranjiya ina zaune Inna ta dama masa fura da hannunta, ya ɗaga kwanon ya shinshina, ya ture, ya ce an saye ta. Inna fa! Ta juya tana share ido da bakin mayafi. Shekarata 11 ina aikin jinya, na san wannan: zargin da hujja ba ta kwance shi, kullum yana ƙara cin na kusa. Firgici da rashin barci suna jawo shi, kuma yana jin magani. Goggo, a yi addu'a, a ga likita, ɗaya ba ya hana ɗaya.

Yaya Babba: To mu ce masa unguwa za mu, sai ya gan mu a can.

Anti: Haba Yaya! Mutumin da ke ganin kowa na haɗa baki a kansa, za ka tabbatar masa? A gaya masa gaskiya: barcinsa muke nema wa magani. Kada a yi masa gardama, kada kuma a biye masa.

Kawu: Zancen furar nan ban sani ba. Bayan la'asar zan zo da tawa, mu sha a kwano ɗaya. In ya ƙi ta hannuna, ni zan nemo mota.