Wai Zamanin Manyan Jiragen Ruwan Yaƙi Ya Wuce?

Ɗan Auta: Salamu alaikum jama'ar gida. Ni fa na gama lissafina: duk ƙasar da ke zuba kuɗi yau wajen ƙera manyan jiragen ruwan yaƙi asara take yi, zamaninsu ya wuce. Ku dubi Yukren. Da yaƙi ya ɓarke a 2022, babban jirgin yaƙinta guda ɗaya tilo da hannunta ta nutsar da shi a Mikolayib, don kada ya faɗa hannun Rasha. Amma a watan Afrilun 2022 ta nutsar da Moskva, babban jirgin da ke jagorantar rundunar Rasha a Bahar Aswad, da makamai masu linzami biyu kacal. Daga baya ta koma aika kwale-kwale marasa matuƙi cike da bam, har Rasha ta kwashe yawancin jiragenta daga Sebastopol ta kai su Noborosisk. Amurka kuwa ta kashe kusan dala biliyan 13 a kan jirgi ɗaya mai dakon jiragen sama, Gerald Ford. Wannan ai kiwon rago ne don kura.

Malam: Wa alaikumus salam. Auta, ka jira Kawu ya idar da shafa'i da wutiri, maganar nan gonarsa ce.

Kawu: Na idar, kuma na karanta. Auta, wannan hukuncin naka ya girmi kakanka. A 1886 Faransa ta naɗa wani Admiral Aube ministan sojan ruwa. Shi da mutanensa suka ce ƙaramin jirgi mai harba nakiyar ƙarƙashin ruwa ya gama da manyan jirage, har ya dakatar da ƙera su. Ingila ba ta tsaya musu ba. Ta ɗora wa manyan jiragenta bindigogi masu saurin harbi, ta ƙera wasu jirage masu gudu waɗanda aikinsu kawai farautar ƙananan nan. Da aka zo Yaƙin Duniya na Ɗaya, manyan jiragen Ingila ne suka toshe wa Jamus teku har yunwa ta shige ta.

Malam: An sake yin irin wannan shela a watan Oktoban 1967, lokacin da ƙananan jiragen Masar suka nutsar da Eilat, jirgin yaƙin Isra'ila, daura da Port Said da makamai masu linzami ƙirar Tarayyar Sobiyet. Mutum 47 suka mutu. A lokacin ma cewa aka yi an yi wa babban jirgi jana'iza.

Ɗan Auta: Kawu, Allah ya ba ka haƙuri, amma don an taɓa yin ihun kura babu kura, ba shi ne ke nuna yau ma babu ita ba. Ai akwai lokacin da maganar ta tabbata. A 10 ga Disamban 1941 jiragen saman Japan suka nutsar da manyan jiragen Ingila biyu, Prince of Wales da Repulse, a gaɓar Malaya cikin 'yan sa'o'i. A 1945 Amurka ta yi wa Yamato na Japan haka, jirgin da babu wanda ya fi shi manyan bindigogi. Yau ina jiragen masu manyan bindigogi? Gidan tarihi.

Kawu: Madalla, yaron nan ya yi karatu. To amma gaya mini, jiragen saman da suka nutsar da Yamato daga ina suka tashi?

Ɗan Auta: Daga kan jiragen ruwa masu dakon jiragen sama.

Kawu: To ka gani. Babba ne ya gaji babba.

Yaya Injiniya: Kawu, ni a tsakiya nake, amma a kan lissafin kuɗi ina bayan Auta. Mu bar tarihi mu zo Bahar Maliya. Tun da 'yan Huti na Yaman suka kama jirgin dakon kaya Galaxy Leader a watan Nuwamban 2023, Amurka ta tura jirage masu dakon jiragen sama ɗaya bayan ɗaya. Suna harba makamin da ya kai dala miliyan 2 don kakkaɓo jirgi maras matuƙi da kuɗinsa bai wuce na mota ba. Kuma ba kuɗin ne ya fi damuna ba. Jirgin rakiya na Amurka ramukan harba makami 90 zuwa 96 gare shi, in suka ƙare sai ya bar fagen ya nemi tasha a sake cika masa, don ba a saba yin wannan lodin a tsakiyar teku ba. Wanda ke kan tudu kuwa, rumbunsa na bayan dutse.

Kawu: Jirgin yaƙin Amurka nawa suka nutsar?

Yaya Injiniya: Ko ɗaya.

Kawu: Nawa suka samu da makami?

Yaya Injiniya: Ko ɗaya, Kawu. Amma ai ba wannan ne aikin da aka tura su yi ba. An tura su ne su buɗe hanya, hanyar kuma ba ta buɗu ba. Cikin jiragen dakon kayan da Huti suka kai wa hari, Rubymar ya nutse a Maris ɗin 2024, an kashe ma'aikata uku a True Confidence cikin watan, Tutor ya bi baya a watan Yuni. Manyan kamfanonin dakon kaya suka ce ba da su ba, suka koma zagayawa ta ƙasan Afirka ta Kudu, ƙarin kwana goma ko fiye. Masar da ta samu kusan dala biliyan 10 daga mashigin Suwez a 2023, a 2024 abin da ta samu bai wuce kimanin biliyan 4 ba. Mai gadin da ɓarawo bai taɓa jikinsa ba amma aka kwashe shago, me za a ce da shi?

Gwaggo Hajiya: Yauwa, yanzu kuka zo inda nake ji. A farkon 2024 ina da yadi da takalma da za a ɗoro mini daga Guwanzu, wakilina ya bugo waya ya ce kuɗin kwantena ya tashi, wai Bahar Maliya. Na ce masa ni ina ruwana da Bahar Maliya, ni da ba Jidda zan kai kayan ba? Ya ce Hajiya haka abin yake. Na biya ina ƙunƙuni, kayan kuma suka wuce lokacin da ya faɗa mini, har Ƙaramar Salla ta zo ta wuce takalman yara na kan ruwa.

Kawu: Hajiya, jirgin da ya taso daga Sin zuwa Legas dama can ta ƙasan Afirka yake bi. Anya mutumin nan bai ci ki ba?

Yaya Injiniya: A'a Kawu, ba lallai ba ne. In jiragen Turai suka ƙara kwana goma a kowace tafiya, jirage da kwantenoni sun yi ƙaranci a ko'ina, sai kamfani ya janye jirgi daga wata hanya ya cike gurbi a wata. Kuɗin dako kamar farashin hatsi ne, in ya tashi a Dawanau sai an ji a ƙauye.

Gwaggo Hajiya: To Allah ya isa tsakanina da duk wanda ya jawo.

Malam: Ina ganin kuna haɗa abu biyu wuri guda. Hana wani bin ruwa daban, kai ka iya bin ruwan daban. Huti sun hana wasu wucewa, amma su ba za su iya kai buhu ɗaya na shinkafa ko'ina ba in aka tsare su. Sannan ku dubi wuraren da abin ya faru. Bab al-Mandab, ƙofar Bahar Maliya ta kudu, faɗinsa bai wuce kimanin kilomita 30 ba. Bahar Aswad kuwa kamar tafki ne mai ƙofa ɗaya, makullin na hannun Turkiyya tun yarjejeniyar Montreux ta 1936, kuma ta rufe wa jiragen yaƙi ƙofar a ƙarshen Fabrairun 2022. Shi ya sa Rasha ba ta iya kawo wani jirgin ya maye gurbin Moskva ba. Kifin da ke cikin randa ai ba a yabon wanda ya kama shi.

Ɗan Auta: Malam, amma Yukren ba hanawa kaɗai ta yi ba. Da Rasha ta fice daga yarjejeniyar fitar da hatsi a Yulin 2023, Yukren ta buɗe tata hanyar daga Odesa, jirage suka ci gaba da lodin alkama da masara. Babu jirgin rakiya ko ɗaya.

Kawu: Wannan na ba ka. Sai dai ka duba taswira: jiragen na raɓe ne da gaɓa, su shige ruwan Romaniya da Bulgeriya, ƙasashen NATO, inda Rasha ba za ta so ta taɓa su ba. Kuma shi Moskva da kake ta ambato, tun 1983 yake aiki, an bar shi yana yawo kusa da gaɓar abokan gaba. A ruwa tsufa ba laifi ba ne, sakaci ne laifi. Mu da muka yi tsaron dare a gaban rada mun sani: bayan awa huɗu kana kallon allo, idonka a buɗe yake amma kai ba ka nan.

Ka ɗauki yaƙin Ingila da Ajantina a kan tsibiran Falkland a 1982. Makamin Exocet na Ajantina ya ƙone jirgin Ingila Sheffield a 4 ga Mayu, kafin a gama Ingila ta rasa jirage shida. Amma ta yi tafiyar kusan kilomita 13,000 da sojojinta, ta sauke su, Ajantina ta miƙa wuya a 14 ga Yuni. Da wane kwale-kwale za ka kai dubban sojoji da abincinsu da mansu wannan nisan? Kuma jirgin ƙarƙashin teku guda ɗaya, Conqueror na Ingila, da ya nutsar da Belgrano na Ajantina, manyan jiragen Ajantina komawa tasha suka yi, ba su sake fitowa ba.

Kada ma ka je nesa. Magabatanmu a aiki sun sha ba mu labarin yaƙin basasa. Da 'yan jiragen da ba su taka kara sun karya ba aka sauke sojoji a Bonny a Yulin 1967, aka sauke a Kalaba a Oktoba. Da Fatakwal ta faɗi a Mayun 1968, Biyafara ba ta da sauran ƙofa ta ruwa, sai jiragen sama da ke sauka a Uli cikin dare. Abin da fararen hula suka sha bayan nan ba abin alfahari ba ne, amma shi ne abin da rufe teku ke yi.

Yaya Injiniya: Abin da ke ɗaure mini kai shi ne Sin. Ita ce ta ƙera makamai irin su DF-21D da DF-26 musamman don nutsar da jiragen dakon jiragen sama na Amurka, ita ce kuma ke tara nata: Liaoning da ta sayo daga Yukren ta gyara, Shandong da ta ƙera da kanta, ga Fujian na uku. Ko dai ba ta yarda da makamanta ba, ko ta san wani abu.

Ɗan Auta: Ko kuma taƙama ce, Yaya. Manyan ƙasashe ma suna sayen abu don a gani.

Kawu: Akwai taƙama, ban musa ba. Amma yawancin man da Sin ke sayowa ta mashigin Malaka yake bi. Makamin da ke kan tudu ba ya raka tankar mai.

Ɗan Auta: To bari in rage maganata. In ni ne Taiwan, mai ruwa kilomita 130 tsakanina da Sin a inda ya fi ƙunci, ba zan sayi babban jirgi ko ɗaya ba. Nakiyoyin ruwa, makamai masu linzami a bayan manyan motoci, da kwale-kwalen nan dubbai.

Kawu: In kai ne Taiwan, ni ma haka zan ba ka shawara. Amma in Sin ba ta ƙetaro ba, ta zagaye ka kawai ta hana tankar gas shigowa, wa zai zo ya buɗe maka, kuma a cikin me zai zo?

Ɗan Auta: Wannan sai na kwana a kai. Amma Kawu, tsakani da Allah, in aka ce jikanka ya shiga Gerald Ford a nufi mashigin Taiwan ana tsakiyar yaƙi, za ka yarda?

Kawu: Cikin mashigin? Ko kwamandan da ya sha ƙwaya ba zai shigar da shi ba. Can nesa zai tsaya.

Yaya Injiniya: In ya tsaya nesa kuma jiragen samansa ba za su isa ba sai an ba su mai a sama. Nan ne maganar Auta take da ƙarfi.

Kawu: Tana da shi. Ban ce ba ta da shi ba.

Gwaggo Hajiya: Ku dai kun ƙi barci. Injiniya, gobe ka kira ni bayan azahar, akwai wasu kayan da zan ɗoro, ina so ka saurari abin da mutumin nan zai ce a wannan karon kafin in tura masa ko sisi.